Sunansa Isyaku, Ba Alhaji Kamili Ba

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un.

Da safiyar yau labarin ya same ni. Ina tsaye gaban allo, na rubuta rabin jimla ke nan, sai waya ta dinga rawa a aljihuna ba ƙaƙƙautawa. Na fita baranda na ɗauka. Babban ɗansa ne. Ya ce, "Yaya Auwalu, Baba ya cika."

Na koma ajin na tsaya ina kallon allon. Ban iya ƙarasa jimlar ba.

Malam Isyaku ya rasu.

Na san da yawanku za ku ce wane ne kuma Malam Isyaku. To, idan na ce Alhaji Kamili fa? Nan take kun gane. Mai dogon carbin nan na wasan barkwancin da aka daɗe ana nunawa a talabijin, wanda yake wa'azi a zaure yana cin amana a cikin gida. Tun ɗazu nake ganin hotonsa yana yawo a shafukan mutane, yana sanye da waccan babbar riga, an rubuta a ƙasa, "Allah ya jiƙan Alhaji Kamili."

Na san da zuciya ɗaya kuka yi. Amma ku ɗan ba ni lokaci ku karanta wannan, domin sunan nan ya daɗe yana cutar bawan Allah nan, kuma da ƙyar ya samu ya karɓo nasa na gaskiya kafin ya bar duniya.

Haifaffen Udubo ne, Bafulatani, aiki ne ya kawo shi Azare. Duba-gari ne har ya yi ritaya. Yakan ce aikin nan ne ya rubuta masa wasan, shi dai riƙe biro kawai ya yi.

"Auwalu," in ji shi, "ni na shiga gidajen garin nan ta zaure na fita ta wajen kwata. Zaure a share, an shimfiɗa darduma, turare na tashi. Ka zagaya baya kuwa, sai ka toshe hanci ka nemi tsari. To akwai mutane haka. Ni ma in ban kula ba, wata rana haka nake."

Ina ƙaramar sakandare na shiga ƙungiyarsa ta wasan kwaikwayo. A wani aji na firamaren unguwarsu muke gwaji bayan la'asar, mu ture bencina gefe, tsakiyar ajin ta zama dandamali.

A lokacin ina da i'ina mai tsanani. Idan aka tambaye ni sunana sai na yi gumi kafin ya fito. Ni na je ne don in riƙa ɗaukar kaya kawai. Malam ya dube ni ya ce, "Kai za ka yi mana mai shela."

Yara suka fashe da dariya. Bai kula su ba. Ya ce da ni, "Ba magana za ka yi ba, rera ta za ka yi. Ja ta kamar kana kiran shanu daga nesa." Na gwada. Wallahi kalma ɗaya ba ta sarƙe ba.

Yau ni ne nake tsayawa gaban ɗalibai ina koyar da Hausa tun safe har azahar. Daga can abin ya faro.

Malam ba ya barin gwaji ya kai magariba. Idan an tashi, 'yan mata su shige gaba, shi yana biye da kekensa a hannu, sai ya ga kowace ta shiga gidansu sannan ya hau. Ran da ya sami kuɗin wata kuwa, akwai rake. Zai zauna ya yayyanka da kansa, yana ba mu yana tsokana: wanda ya manta layinsa shi ke samun gaɓar da ta fi tauri.

Wasan da ya fi fice a cikin wasanninsa shi ne na Alhaji Kamili, kuma shi da kansa yake fitowa a matsayin Alhajin. Kun san labarin. Mutum ne mai hana kiɗa a unguwa alhali yana da rediyo a ƙarƙashin matashi. Ya yi wa 'yan kasuwa wa'azin tauye mudu, nasa mudun kuwa an buga gindinsa ya loɓa ciki. An ba shi riƙon gonar marayu ya sayar a ɓoye. Ga kuma wurin da kowa ya fi so, inda ya ɓoye dambun nama a cikin rawani da azumi, mage ta bi shi har sahun gaba tana kuka, shi kuwa yana ta ƙara ɗaga murya da salati don kada a ji ta.

Mun kai wasan nan Gadau, mun kai shi Dagauda, mun yi shi a filayen makarantu da dama. Mutane su yi dariya har su riƙe ciki, sannan ka ga wani dattijo ya yi shiru yana shafa gemu.

Amma akwai abin da ku masu kallon talabijin ba ku taɓa gani ba.

Malam yana da doka. Idan wasa ya ƙare, ba a watsewa. Duk wanda ya fito a mugu sai ya dawo gaban jama'a, ya kwance rawani, ya tuɓe babbar rigar, ya ninke su ya ajiye a kan kujera. Sannan ya yi sallama da muryarsa ta gaskiya, ya faɗi sunansa da na mahaifinsa da unguwarsu, ya ce, "Wancan mutumin ga shi nan a kan kujera, nan za mu bar shi. Wanda na ɓata wa rai ya yafe ni."

Tuɓe riga muke kiran abin. Ko ruwa ya taso sai an yi shi.

Da wani gidan talabijin ya nemi a mayar da wasan shiri mai zuwa duk mako, murna ta hana mu zama. Aka zo da kyamara, aka ari wani gida, aka faɗaɗa labarin. Malam ya tambayi mai shirya shirin inda za a sa tuɓe riga.

Mutumin ya yi murmushi ya ce, "Malam, a talabijin ba a yin haka. Ga talla ga labarai suna jira. Ai kowa ya san wasa ne."

Malam ya dube mu, ya ga yadda idanunmu suke ƙyalli. Ya ce to.

Haka kowane mako shirin yake ƙarewa a kan fuskar Alhaji Kamili yana murmushin mugunta, sunaye su wuce da gudu ba wanda ya karanta.

Ashe ba kowa ne ya san wasa ne ba.

Da farko abin dariya ne. Ranar kasuwar Gadau ya tsaya zai sayi nono, wata dattijuwa ta ɗago ta gan shi, ta jawo faifai ta rufe ƙwaryarta. Ta ce, "Ba na sayar wa mai cin gonar marayu." Ya juya harshe ya yi mata Fulatanci, ya gaya mata asalinsa. Ta ce wannan ma ya fi muni, ashe har da nasu a cikin masu wannan hali. Ya dawo yana ba mu labari yana dariya har da hawaye.

Yara su bi kekensa suna kukan mage. Mahauta su ce, "Alhaji, a zuba a leda ko a rawani?" Duk yana amsawa da fara'a.

Abin da ya taɓa zuciyarsa kuwa a masallacin unguwarsu ya faru.

Shekara da shekaru, duk ran da Liman ba ya nan, Malam Isyaku ake cewa bismillah. Wata magariba Liman ya yi tafiya, aka ta da iƙama, Malam ya taka zai shiga gaba kamar kullum. Sai wani a baya ya ƙyalƙyale da dariya. Kafin a ce wani abu, maƙwabcinsa Alhaji Bukar, mai sayar da hatsi a kasuwa, ya ce, "A samu wani dai. Mutumin da ya iya munafunci haka, ba a banza ya iya ba."

Alhaji Bukar Babarbare ne. Kun san wasan da ke tsakanin Barebari da Fulani. Mutanen nan biyu ba sa haɗuwa sai an ji "bawana" daga wannan, an ji "kai ne dai bawan" daga wancan. Malam ya juyo yana jiran ya ga alamar wasa a fuskarsa.

Babu.

Ya ja da baya ya shiga sahu. Daga ranar ya koma sahun ƙarshe, can gefen ƙofa. Bai canza masallaci ba, bai kai ƙarar kowa ba. Shi da Alhaji Bukar suka koma gaisuwar mutunci: ina kwana, lafiya lau, ina gajiya, babu gajiya. Matarsa, Hajiya Asabe, ta taɓa ce mini da zagi ne ma da ya fi masa sauƙi a kan wannan gaisuwar.

An daina nuna shirin tuntuni, amma guntayensa suka dawo yawo a wayoyi. Yaran da ba a haifa ba lokacin da aka ɗauke shi ma sun san Alhaji Kamili. Ba su san Isyaku ba.

A zangon karatun da ya wuce, ɗalibaina na ƙungiyar wasan kwaikwayo suka nace sai sun yi wasan a ranar ba da kyaututtuka. Muka gwada yara da dama a matsayin Alhajin. Wani yaro Mustafa ya sa rawani ya yi gyaran murya sau ɗaya, ajin ya kife da dariya. Ba a sake maganar wani ba.

Mustafa kuwa autan Alhaji Bukar ne.

Washegari ya zo mini idanunsa jajur. Ya ce, "Malam, Baba ya hana. Ya ce ba zai bari in zama abin nuni a gari kamar wancan mutumin ba."

Na tafi gidan Malam Isyaku, da ma zan nemi izininsa a kan wasan. Lokacin ciwo ya fara cinsa, ƙafafunsa sun kumbura. Na ba shi labari, na ce zan nemi wani yaron.

Ya ce, "Yaron ya iya?"

Na ce, "Baba, ya kusa fin ka."

Ya ce, "Ƙarya kake. Tayar da babur ɗinka."

Muka tarar da Alhaji Bukar a rumfarsa cikin buhunan gero. Ya miƙe da ladabi, ya ce, "Malam Isyaku, sannu da zuwa, ya jiki?"

Malam bai amsa gaisuwar ba. Ya zauna a kan buhu, ya dube shi sama da ƙasa ya ce, "Kai Babarbare, tun yaushe bawa yake hana ɗansa yi wa ubangidansa aiki?"

Yaran rumfar suka ƙunshe dariya. Alhaji Bukar ya ɗaure fuska. Ya ce, "Malam, ba wasa nake ba. Na ga abin da ya same ka. Ni kaina ina cikin waɗanda suka yi maka. Ba na so a yi wa ɗana."

Malam ya ce, "Gaskiyarka. Ni ma ba na so. Shi ya sa na zo da ƙafar nan tawa. Ka taɓa zuwa kallon wasan nan a fili, ko a akwati kawai ka gani?"

"A akwati mana. Ni ina na ga lokacin zama a filin makaranta?"

"To rabi ka gani. Ka zo ka ga ƙarshensa. Idan an tashi ka ji wani ya kira ɗanka da sunan da ba kai ka raɗa masa ba, ka zo har gida ka gaya mini duk abin da ka ga dama."

Alhaji Bukar ya daɗe yana wasa da gero a tafin hannunsa. Can ya ce, "Kujerar gaba nake so. Ba zan tsaya a rana ba."

Ranar taron filin ya cika maƙil, iyaye da malamai da 'yan unguwa har kan katanga. Na sa aka ɗauko Malam Isyaku a mota, muka zaunar da shi a gefe cikin inuwa. Mustafa ya yi abin mamaki. Wani ƙaramin ɗalibi ya yi magen, yana rarrafe yana kuka, har firinsifal sai da ya cire tabarau ya share ido. Na saci kallon Alhaji Bukar. Yana ta ƙoƙarin riƙe fuska, kafaɗunsa suna tona masa asiri.

Wasa ya ƙare. Mutane suka fara miƙewa. Na karɓi lasifika na roƙe su su zauna.

Mustafa ya dawo shi kaɗai. Ya kwance rawani a hankali. Ya tuɓe rigar, ya ninke, ya ajiye a kan kujera. Sai ga ɗan yaro siriri cikin kayan makaranta. Ya yi sallama ya ce, "Ni ne Mustafa ɗan Alhaji Bukar mai hatsi. Wancan mutumin ga shi nan a kan kujera, nan za mu bar shi. Wanda na ɓata wa rai ya yafe ni."

Sai tafi ya ɓarke a filin.

Tafin bai gama lafawa ba sai Alhaji Bukar ya miƙe tsaye. Ya juya wajen jama'a, ya nuna inuwar da Malam yake zaune, ya ɗaga murya ya ce, "To, ɗana dai ya tuɓe tasa. Saura wancan Bafulatanin. Shi har yau ba mu ga ya tuɓe ba. A kamo mini bawana a kawo shi nan."

Aka yi dariya. Amma duk wanda yake unguwarsu ya san abin da ya ji: wasan da ya mutu tsakaninsu ne ya dawo.

Shi da kansa ya je ya kama hannun Malam. Ni na riƙe ɗaya hannun, muka hau da shi dandamali a hankali. Ba rawani a kansa, ba babbar riga, 'yar shara ce da hula. Ya dafa kujerar da aka ajiye kayan, ya kalli mutane ya daɗe.

Ya ce, "Assalamu alaikum. Ni ne Isyaku ɗan Buba, mutumin Udubo, duba-gari mai ritaya. Ban taɓa sayar da gonar kowa ba. Dambun nama dai ina so, amma a kwano nake ci."

Dariya ta hana shi ci gaba. Da aka natsa ya ƙarasa: "Wanda na ɓata wa rai ya yafe ni. Wanda ya ɓata mini, na yafe tuntuni."

Na ga manyan mata suna share hawaye da bakin mayafi. Wasu iyaye sun ɗauka a waya, kafin yamma bidiyon ya zagaye gari.

Ganina da shi na ƙarshe a makon jiya ne. Na biya bayan la'asar na same shi a ƙofar gida a kan tabarma, ƙarƙashin darbejiya, ya miƙe ƙafafu. Tun daga nesa na ga akwai labari a bakinsa.

Ya ce, "Zauna, Malam ƙarami. Jiya Liman ya tafi Gadau ta'aziyya."

Na ce, "Allah ya jiƙan Musulmi."

Ya ce, "Amin. Aka ta da iƙamar magariba, ina can wurina bakin ƙofa. Sai Babarbaren nan ya keto sahu ya zo ya kama mini riga. Na ce Bukar, ƙafata ba ta jure tsayuwa. Ya ce, ka karanta gajerun surori mana, da ma yaushe Bafulatani ya iya dogaye?"

Ya yi dariya har tari ya sarƙe shi. Na miƙa masa ruwa.

Ya ce, "Na ja su salla, Auwalu. Muryata ta yi rawa a Fatiha. Ba wanda ya yi dariya."

Muka ci gaba da zama mu biyu, muna kallon awaki suna wucewa.

Da zan tafi ya riƙe hannuna. Ya ce, "Ka ci gaba da yaran nan. A bar mutane su yi dariya, in suna dariya sun fi jin magana. Amma ko da wasa kada ka bar yaro ya tafi gida da rigar wani a jikinsa."

Na ce in sha Allahu, Baba. Na ce zan dawo ranar Juma'a da rake.

Allah bai nufa ba.

Yanzu muka dawo daga maƙabarta. Jama'a ta taru sosai, har daga ƙauyuka. Alhaji Bukar yana cikin waɗanda suka shiga kabari suka karɓe shi, da tsufansa, an hana shi ya ƙi. Ɗalibaina sun zo cikin kayan makaranta ba tare da na ce su zo ba. A hanyar dawowa suka tare ni, suka ce in Allah ya kai mu hutu suna so su kai wasan Udubo, mahaifarsa, su yi shi cikakke. Na ce za mu je, ko da a bayan motar hatsi ne.

Zuciyata tana ciwo, amma ba ta yi duhu ba. Mutumin nan ya tafi bayan ya ga garinsa ya gane shi, kuma ya bar yara masu son aikinsa.

Ga hotonsa na liƙa a ƙasa, yana zaune da jikokinsa. Wanda zai sa hoto, don Allah ya sa wannan.

Ya Allah, ga bawanka Isyaku ɗan Buba ya zo gare ka. Ka yafe masa kurakuransa, ka yalwata masa kabarinsa, ka sanya hasken da ya sa a zukatan yara ya zama haske a gare shi. Ka sa haƙurin da ya yi a sahun baya ya kai shi sahun gaba a Aljanna. Ka ba Hajiya Asabe da 'ya'yansa da jikokinsa juriya, ka kyautata namu ƙarshen.

Ku da kuka karanta har nan, ya taɓa sa ku dariya ko sau ɗaya ne. Ku saka masa da addu'a yau, a sujadarku ko a nan ƙasa. Idan za ku yi, ku kira shi da sunan da mahaifinsa ya raɗa masa.

Allah ya jiƙan Malam Isyaku. Amin.